Ranar Da Aka Jira Direba

Shekarun baya, lokacin da tumbin nan nawa bai fara riga ni shiga ɗaki ba, na taɓa zuwa ƙasar Albaniya. Eh, ni ɗin nan da kuke gani ina goge gilashin mota a unguwar Al Gharrafa, nan Doha. Masu cewa ina zuba wa labari gishiri, yau ku kwantar da hankalinku, ko cokali ɗaya ban sa ba. To, bari mu ce rabin cokali.

Ni direban gida ne. A lokacin shekarata goma sha ɗaya ina tuƙa iyalin kafil ɗina, wato maigidan da ya ɗauko ni aiki, kuma duk wanda ya taɓa aikin nan a Doha ya san tuƙin kaɗan ne, jira shi ne aikin. Uwargida za ta sauka a ƙofar kanti a Mushairib ta ce maka minti biyar. Sai ka kwantar da kujera, ka yi barci, ka farka, ka kira gida ka sasanta rigimar yara, ka sake yin barci. Akwai minti biyar ɗin da na taɓa jira har sai da gemuna ya nemi aski. Amma ni ba a taɓa jirana ba, ko sau ɗaya. Da wannan nake tinƙaho a cikin direbobin unguwa.

Da zafi ya tsananta a shekarar, maigida ya kwashi iyali zuwa Albaniya hutu, ya yi mini takardu na bi su. Dalili kuwa mahaifiyarsa ce, Hajiya, wadda ba ta yarda kowa ya tuƙa ta sai ni. A cewarta birkin sauran direbobi yana tayar mata da ciwon baya. Muka sauka a Tirana, aka yi hayar babbar mota, na ci gaba da sana'ata ta jira, sai dai yanzu a cikin iska mai daɗi.

Ana saura kwana ɗaya Hajiya ta koma, maigida ya miƙo mini tikiti. Ya ce, "Gobe ka huta. Akwai bas mai kai baƙi wani tsohon gari, Berat, da mai yi musu jagora. Je ka buɗe ido. Amma ƙarfe shida kana nan. Jirgin Hajiya da dare ne, jibi tana da ganin likita a Doha."

Na ce, "Ranka ya daɗe, ni kake gaya wa lokaci?"

Da safe na ci ado. Babbar riga ta shadda mai aiki, hula na karya ta gefe, da sabon takalmi sau-ciki da na saya a Asian Town, ƙasansa sumul kamar faranti. Duk don hoto ne, saboda abokina mai gadi a Mushairib ya rantse ko ƙofar otal ba za a bar ni in wuce ba. Makullin motar haya kuwa yana aljihuna. Ban ma san na ɗauka ba, hannu ne ya saba.

A bakin bas na tarar da baƙi sun kai ashirin, kowa na shiga yana wuce direba kamar kujera ce ke riƙe da sitiyari. Ni na tsaya na miƙa masa hannu. Mutum ne mai furfura da gashin baki, sa'ana ne ko ya ɗan girme ni. Ba ya jin Turanci, ni ba na jin nasu, muka gaisa da kai. Na zauna a kujerar gaba kusa da shi. Tafiyar awa biyu ce, akwai kwana-kwana, kuma duk kwanar da muka dosa sai na ji ƙafata ta dama tana danna ƙasan bas da ƙarfi. Sau ɗaya ya saci kallon ƙafar, ya mayar da ido kan titi.

Berat kuwa, jama'a, Allah ya yi gari. Fararen gidaje ne a jikin dutse, wani bisa wani, kogi na wucewa a ƙasa, kuma kowane gida tagogi ne a jere, har ka ji kamar duk garin ya fito yana leƙen baƙo. Jagorarmu, wata baiwar Allah mai jar laima da saurin magana, ta ce ana yi masa kirari da garin tagogi dubu. Na ƙirga arba'in, na bar mata sauran.

Sai ta nuna ganuwa can a ƙololuwa ta ce can za mu hau. Ku tuna daga Doha nake, inda tudun da ya fi kowane tsayi a rayuwata shi ne hawan wurin ajiye motoci na kanti, shi ma a zaune nake hawansa. Hanyar duwatsu ce da ƙafafun mutane suka goge shekara da shekaru har suna ƙyalli. In na yi taku uku gaba, takalmina ya dawo da ni biyu. Wata tsohuwar Baturiya mai sanda biyu ta wuce ni, ta juyo ta tambaya ko ina bukatar ɗaya. Na ce mata a'a, ina nazarin ginin ne.

A sama, cikin ganuwar, ashe mutane na zaune har yau. Ga shanya a igiya, ga tsofaffin mata na sayar da saƙa a ƙofar gida, ga coci ga kufan masallaci kusa da juna. Jagorar ta gama bayaninta, ta ɗaga laima ta ce, "Kowa ya zaga yadda yake so. Ƙarfe uku daidai a wurin bas, can ƙasa. Uku daidai. Wanda bai zo ba ya nemi hanyarsa."

A raina na yi dariya. A duniyar da na sani, in an ce uku, to lokacin ne ake fara neman takalmi. Sannan wani tunani mai daɗi ya zo mini: shekara goma sha ɗaya ina jiran mutane, yau ni ne fasinja. Bari ni ma in ɗanɗana in ji.

Ina cikin zagayawa na iske wani dattijo zaune a ƙofar gidansa ƙarƙashin inabi. Mu ba a koya mana wuce babba ba gaisuwa ba, sai na yi sallama. Ya amsa da tasa irin, ya miƙe, ya kama aikin rigata yana shafawa yana jinjina kai. Kafin in ankara ya ja ni tsakar gida ya zaunar. Matarsa ta fito da tire: kofi a ɗan ƙaramin kofin da bai fi murfin kwalba ba, ruwan sanyi, da ɗan faranti mai ɓaure guda ɗaya tak da aka dafa a sukari, da cokali a gefe. Na ɗauka ɗanɗano ne kafin abincin ya iso. Na lashe, na zauna ina jira. Ashe tarbar baƙo ke nan a wurinsu, cokali ɗaya. Da matar ta ga ina kallon farantin da tausayi, sai ta kawo kwalbar ɓauren gaba ɗaya. Ban ba ta kunya ba.

Ya kawo wani farin ruwa a ƙaramar kwalba, na shinshina na ji giya ce, na dafa ƙirji na ce Allah ya ba da haƙuri. Ya yi dariya ya mayar. Muka shiga hira da hannu. 'Ya'ya nawa? Na ɗaga yatsu biyar. Shi uku, duk suna ƙasashen waje, ya ɗauko hotuna. Na ga agogon bangonsa ya nuna uku saura kwata, amma an ɗora kofi na biyu a wuta, kuma ta yaya zan katse dattijo yana nuna mini jikoki? Haka na gaya wa kaina. Gaskiyar ita ce daɗin zama nake ji, ana kawo mini ina karɓa.

Uku da 'yan mintuna ya kwaikwayi riƙe sitiyari, ya nuna agogo, yana tambayar yaushe motarmu za ta tashi. Na ɗaga yatsu uku cikin isa, na yi masa alamar ai za su jira. Wallahi ban taɓa ganin tsoho ya miƙe da sauri haka ba. Ya ƙwala wa matarsa kira, ya ƙwace kofin daga hannuna, ya tura ni waje da hannu biyu yana nuna gangare yana ihu. Ina tsallake dokin ƙofa makullin ya yi ƙara a aljihuna, sai lissafin ya faɗo mini gaba ɗaya. Awa biyu zuwa Tirana. Ban san inda ake tare mota a garin ba. Makulli yana wurina, Hajiya da kekenta na guragu suna can, likita na jira a Doha. Na ga shekara goma sha ɗaya suna shirin tafiya a kan kwalbar ɓaure.

Hawa da wuya, amma saukar ce ta nuna mini iyakata. Taku na biyar ƙafafuna suka yi gaba suka bar ni, na zauna daɓas, na ji shaddar ta ce ɓarr a baya. Na tashi na cire takalman na riƙe a hannu, na naɗe babbar riga a kafaɗa, na sa gudu da safa. Tagogin nan dubu da ban gama ƙirgawa ba, kowace da ido a ciki. Na wuce wata mai saƙa, iskata kaɗai ta kwashe mata zare.

Uku da minti talatin da biyar na iso ina haki kamar tsohon janareto. Bas tana nan. An ɗage murfin inji, direba ya sunkuya da tsumma a hannu, fasinjoji sun cika sun batse.

Jagorar ta ce, "Malam, ka taki sa'a. Da tuni mun yi nisa. Mota ce ta samu matsala."

Na leƙa injin. Tsaf yake, ko ɗigon mai babu. Direban kuwa sandar gwada mai yake gogewa, ya mayar, ya zaro, ya sake gogewa. Na san wannan aikin. Shi nake yi in maigida ya fusata zai tafi ya bar uwargida ba ta gama shiri ba. Yana ganina ya rufe murfin, ya goge hannu, ya murza makulli, mota ta tashi bugu ɗaya.

Da muka hau titi na dube shi na buɗe hannu, alamar me ya sa? Ya nuna ƙafata ta dama, ya danna iska da tasa ƙafar kamar mai taka birki, sannan ya nuna ƙirjinsa ya nuna nawa. Ashe tun safe ya gane ni.

Can wayarsa ta yi ƙara. Ba na jin yarensu, amma muryar matar da ta gaji da jira ba ta bukatar tafinta. Ya saurara, ya ba da haƙuri, ya ƙara ba da haƙuri, ya ajiye. Bai ko kalle ni ba. Nan dariyar da nake shirin yi ta maƙale. Ashe shi ma ana jiransa a gida, kuma ni, da na fi kowa a bas ɗin sanin zaman jira, ni na shanya shi a rana.

Muna isa Tirana na ruga na ɗauko motar haya, shida saura minti biyu na tsayar da ita a ƙofar otal. Hajiya ta dube ni sama da ƙasa ta ce, "Me ya samu rigarka?"

Na ce, "Hajiya, tarihi na je gani, shi ne ya taɓa ni."

Ta ce, "Yalla, mu tafi." Da na gyara mata zama, ta juya wajen ɗanta ta ce, "Ka gani ko? Wannan bai taɓa makara ba."

Na ce na gode, na tayar da mota.

Takalman suna ƙarƙashin gadona har yau, ban sake sa su ba. Abokina mai gadi bai samu hoton babbar riga ba, don haka har gobe yana cewa a otal na wuni. Abin da ya canza shi ne, ko bas ɗin Asian Town zan hau, ko tasi in na je hutu gida, nakan riga lokaci isa, kuma sai na gaida mai tuƙi kafin in zauna. In direbobin unguwa suka fara yabona cewa ni ne wanda ba a taɓa jira ba, nakan gyara hula in karɓi yabon, don ba na wasa da yabo. Amma ni na san an taɓa jirana, minti talatin da biyar cur, kuma mutumin da ya yi jiran ko sunansa ban tambaya ba.