Wa Ya Saki Yaya Dije?

Shekara shida ke nan da muka kai Yaya Usmanu makwancinsa a bayan garin Wagini, amma har yau in na kishingiɗa bayan azahar nakan gan shi tsakanin barci da ido biyu, sanda a kafaɗa, yana bin shanun da babu su yanzu. Wani lokaci ya waiwayo ya ce, "Ticha," kamar zai ja ni da musu, sai in farka.

Musu kam mun sha shi. Ni aka kai boko har na zama malamin makaranta a Safana, shi ya tsaya wa gona da garke. Nakan zo masa da abin da na tsinto a littafi, wai ƙwaƙwalwa ce ke yanke shawara tun kafin mutum ya farga, shi kuma ya yi ta mini dariya. A wurinsa tunani garke ne, mutum kuwa makiyayi. In saniyarka ta shiga waken wani, ba saniyar ake kira gaban mai gari ba, kai ake kira. Haka kuma ya rayu. Ban taɓa jin ya ce zuciya ce ta ɗebe shi ba.

Shekarar da aka kore mana shanu sai ya canza. Mutumin da ko akuya ba ya yi wa tsawa ya koma zagi da jifa da kwano, har dariya ya taɓa yi a wurin zaman makoki. Muka ce baƙin ciki ne, wasu suka ce sammu, aka yi ta rubutu da turare. Wata ranar hantsi, a gabana, saboda fura ta yi tsami, ya dubi Yaya Dije, matarsa ta shekara talatin, ya ce ya sake ta saki uku. Sannan ya ci gaba da shan furarsa.

Ni mai ilimin gidan na ce magana ta ƙare, zama ya haramta. Tana kuka tana ce mini in dubi idonsa, wannan ba idon Malam ba ne. Ban duba ba. Na ɗaura akwatinta a babur na kai ta Zakka gidan ƙanenta, ina jin kaina wani mai tsare addini.

Bayan wata biyu Yaya ya yanke jiki ya faɗi a gona, muka kai shi asibitin birni. Likita ya ɗaga hoton ƙwaƙwalwarsa ga haske, ya nuna mini ƙari kamar ƙwan zabo a bayan goshi, ya ce wurin nan ne ke riƙe wa mutum linzami. Na ce to wa ya saki Dije, yayana ko wannan abin? Ya ce hoto yana nuna ƙari, ba ya nuna niyya, kuma shi ba zai rantse a kan abin da na'ura ba ta gani ba. Na ji haushinsa a ranar. Yanzu ina ganin girmansa.

Aka ce aiki ba zai yiwu ba, amma magani ya saukar da kumburin, Yaya ya dawo mana cikin hayyacinsa na 'yan makonni. Abin da ya fara tambaya shi ne ina Dije. Liman ya ce sakin wanda hankalinsa ya gushe ba ya aukuwa, sai dai a ji daga bakinsa. Na dai san mutumina. In ya ce shi ne, Dije ta tafi ke nan, ba jinya, ba takaba.

Aka kawo ta, ta zauna daga bakin ƙofa. Yaya yana kallon rufin ɗaki ya yi magana.

"Liman, ina ji maganar tana fita, kamar saniyar da ta tsinke igiya. Na kasa tare ta. Allah ya sani ban nufa ba." Sai ya juyo da kyar. "Amma ke Dije, ki yafe mani. Daga garkena ta hito."

Ita ta yi jinyarsa har Allah ya karɓi abinsa, ta kuma yi takabarta a ɗakinsa, wata huɗu da kwana goma.

Yau burtalin da yake bi ya cika da ciyawa, gonakin nesa ba mai zuwa, gero sai a kwano. In aka zauna hira, wani ya ce yunwa ce ta tura yaran nan masu kore shanu daji, wani ya ce ƙwaya ce ta cinye masu kai. Nakan tambayi kaina me Yaya zai ce. Ina jin zai yarda akwai abin da ke fin ƙarfin mutum, tunda ya ɗanɗana. Amma zai so ya ga wanda zai dawo ya tsaya gaban wanda aka ɓata wa, ko da bai nufa ba. Abin da ya bar mini ke nan, ba shanu ba.

Ni kuwa da hankalina garau na ɗaure akwatin nan, kuma ko za a ɗauki kaina hoto sau goma ba za a ga ƙari ba. Shekara shida ina kai mata tsaraba, ina kewaye maganar. Ranar Juma'ar da ta wuce na same ta tana tsince wake a tsakar gida, na durƙusa na ce, "Yaya Dije, ranar nan ni ne. Ki yafe mini."

Ba ta ɗago ba, ta dai turo mini tabarma da ƙafa.

"Ka daɗe a hanya, Ticha," ta ce. "Yayanka da ciwo a kai ya riga ka isowa."