Ƙofar da Malam Lateef ya yi wa gadi

Malam Lateef ya tsufa yana koyar da lissafi a wata firamare a Fagge. Duk wanda ya bi ta ajinsa, har manyan 'yan kasuwar Kantin Kwari, ya haddace dokarsa: ba a raba lamba da sifili, magana ta ƙare.

Bayan ya yi ritaya, 'yarsa Kaosarat, mai koyar da lissafi a jami'a, ta zo gaishe shi a Sabon Gari. Ta rubuta masa (x² − 1) ÷ (x − 1).

"Baba, sa ɗaya a gurbin x."

Ya ture takardar. "Sifili bisa sifili? Ba da ni ba!"

"To kada ka taɓa ɗayan, matso kusa da shi kawai."

Ya sa 0.9, ya samu 1.9. Ya sa 0.99, ya samu 1.99. Ya zagayo ta sama da 1.01, sai ga 2.01. Ta ko'ina amsar tana nufar biyu, daidai wurin da ya rantse babu komai.

Ya cire tabarau.

"Allahu akbar," in ji shi. "Duk rayuwata ina gadin ƙofar nan, ban taɓa leƙawa ta taga ba."