Kujerar da Inna ta Zaɓa a Jidda

Alƙahira zuwa Suwais

Ba a kira assalatu ba muka bar masaukinmu na Alƙahira, ni da Inna da akwati guda, sai wata baƙar leda da ba ta yarda kowa ya riƙe mata. Mai tasi ya yi ta zuba tun daga ƙofar gida, ni kuwa hankalina ya riga ya yi gaba. Rana na fitowa muna Suwais, bakin jirgin ruwa.

Ga wanda bai san mu ba, mu Hausawan Bur Sudan ne, ni ne auta. Ciwon yanar ido ne ya rufe wa Inna ido biyu, har ta kai ba ta bambance ni da ƙyauren ɗaki. Shekara da shekaru muna lallashinta a yi mata aiki, tana cewa ita ba wanda zai sa mata wuƙa a ido. Bana na zo mata da bayani cewa za mu tafi ta sama mu dawo ta ruwa, jirgin kuma yakan yini a Jidda, sai kawai ta ce to. Na ɗauka rahusar ce ta burge ta. An yi aiki, Allah ya ba da sa'a, likita ya ɗora mata wani ƙaton baƙin tabarau, ya ce kada ta kuskura ta cire shi a rana.

A Jidda kuwa akwai Yaya Sale, ɗan farinta. Ina firamare ya tafi, ga shi yau ni ma ina da 'ya'ya uku. Yana aiki a wani sito a unguwar Khumra, fasfonsa na hannun kafili, wato ubangidan da ya ɗauke shi aiki, kullum zancensa baɗi zai zo. Inna irin mutanen da ce, kunyar ɗan fari ta riƙe ta gam. Ban taɓa jin sunansa a bakinta ba, sai dai "wancan" ko "yayanku". Ko waya ya bugo ba ta karɓa, sai ta zauna kusa tana gyaran wake.

A kan ruwa

Kwana biyu muka yi a teku. Jirgin na masu yawon shaƙatawa ne, cike da Misirawa da 'yan uwanmu Sudanawa. Kamfanin ya shirya wa mai so yawon ganin gari a Jidda, amma da sharaɗi: fasfo yana jirgi, kowa a rataya masa kati a wuya, ba mai barin ayari, kafin magariba kowa ya dawo. Yaya ba shi da ikon shigowa tashar jirgi, mu ba mu da ikon barin bas. Saboda haka tun daga Alƙahira na buga masa waya a sito na ce an shirya za mu tsaya Bab Makka, tsohuwar ƙofar gari, bayan azahar. Ya ce kafili ya ba shi daga azahar zuwa la'asar, zai tsaya a bakin ƙofar.

Idan muka saɓa a nan, shi ke nan. Abin da ya hana ni barci ke nan, Inna kuwa har da minshari.

Tashar Jidda

Da hantsi aka sauko da mu. Zafin Jidda irin namu ne na Bur Sudan, mai manne wa mutum riga a baya. Inna, wadda ko a gidan biki ba ta rigimar wurin zama, ta wuce kowa ta zauna a kujerar farko ta bakin ƙofa, jikin taga. Wata Bamisiriya mai ƙiba ta ce nan ta ajiye jakarta. Inna ta ɗauki jakar ta miƙa mata, ta gyara tabarau, ta rungume ledarta. Ni na yi ta ba da haƙuri.

Jagoranmu wani saurayi ne mai suna Khalid, baƙi kamarmu, fari ƙal ɗin jallabiya, da lasifika a hannu. Ya ƙirga mu, ya yi mana maraba da Larabci, sannan ya ce saboda tsofaffin da ke cikinmu an sake tsari. Za a fara da tsohon gari yanzu kafin rana ta take, da azahar kuma mu ci abinci a unguwar Aziziyya.

Na ji kamar an zuba mini ruwan sanyi. Na ce a fili, "Wannan yaro ya kashe ni."

Direba ya waiwayo. "Kai, Bahaushe ne? Daga ina?"

Malam Isufu ke nan, mutumin Damagaram. Na ce masa daga baya ma yi magana, don bas ta riga ta tashi.

Balad

Tsohon garin Jidda abin kallo ne ga mai kwanciyar hankali. Dogayen gidaje na dutsen teku, tagoginsu na katako da aka yi wa sassaƙa, wasu sun jingina da juna kamar tsofaffi a layin asibiti. Khalid ya ɗaga 'yar tutarsa muna biye da shi lungu-lungu. Ya nuna mana wajen da aka ce nan maƙabartar Nana Hauwa'u take, ya ratsa da mu kasuwar turare da ta dabino. Muka zo Bab Makka ɗin kanta, rana ko tsaka ba ta yi ba. Na tsaya ina duban fuskokin mutane, ko Allah zai sa Yaya ya yi sammako. Sai a lokacin na tuna ko ya zo ba lallai in gane shi ba.

Inna kuwa yawonta take. Ta taya carbi, ta ɗanɗana dabino kala uku ba ta sayi ko ɗaya ba, ta tsaya tana yaba wata kyanwa.

"Inna, kin san fa an ɓata mana shiri?"

"Auta, dubi tagar can. Ashe haka katako yake da kyau?"

Wallahi raina ya ɓaci. Na ce a zuciyata, ni da na sha wahalar shirya wannan haɗuwa ni ne wawa.

Aziziyya

A hanya Khalid ya nuna mana wani ƙaton keke da aka kafa a tsakiyar shatale-tale, ya fi gidan bene tsawo. Misirawa suka yi ta ɗaukar hoto. A Aziziyya aka zuba mana shinkafa buhari da gasasshiyar kaza, ga tattasai a gefe. An ce ta yi daɗi. Ni dai na bar tawa na fita wajen Malam Isufu, na zayyana masa komai.

Ya ce, "Bon, ai da ka faɗa tun ɗazu." Ya zaro jawwal ɗinsa, wato wayar hannu, ya buga lambar siton. Wani ya ɗauka ya ce Sale ya fita tun kafin a kira salla, kuma ba shi da waya. Wato yana can tsaye a Bab Makka cikin rana, mu muna nan muna cin kaza.

Malam Isufu ya ce yana da wani aboki ɗan Cadi mai sayar da shayi kusa da ƙofar. Muka shiga bas don sanyi, Inna ta riga ta koma kujerarta. Ya buga, ya yi bayani, ya rufe bakin wayar da tafin hannu.

"Ya ce yaya kamanninsa?"

Na ce, "Dogo ne, baƙi."

"Haba ɗan'uwa, ai ka lissafa rabin Bab Makka ke nan."

 Hoton da nake da shi a kaina na saurayi ne mai gashin baki sabon tsiro. Sai muka ji muryar Inna, fuskarta na jikin taga kamar da gilashin take magana.

"Akwai tabo a girarsa ta dama. Jaki ne ya harbe shi. Idan ya tsaya yakan dogara da ƙafar hagu."

 Malam Isufu ya dube ni, ya maimaita wa mai shayi, ya ce idan an same shi a ce masa ya nufo bakin teku, wajen masallacin da ke kan ruwa.

Safa

Daga nan aka kai mu wani babban kanti a unguwar Safa, wai mu yi tsaraba. Ban san me aka sayar a ciki ba. Ina tsaye jikin bas ina kallon aljihun Malam Isufu, wayar ta ƙi yin ƙara. Khalid ya zo ya tsaya kusa da ni.

"Ammi," in ji shi, wato baffa, "ni ina ji Hausa. Magana kaɗan, shuwayya. Kakata daga Katsina. Na ji da safe ka ce na kashe ka."

Kunya ta kama ni. Ya yi dariya, ya ce bai san da maganar ba, da ya sani da ya bar tsarin yadda yake. Amma ya gaya mini gaskiya, idan ya mayar da mu a makare, shi za a tuhuma, aikinsa da iƙamarsa, takardar zaman ƙasa, duk a hannun kamfanin suke. Muna cikin haka wayar ta yi ƙara. An sami Yaya, yana neman mota.

Bakin teku

Muka isa ana kiran la'asar. Iska ta ɗan taso, masallacin yana tsaye a kan ƙafafunsa cikin ruwa. Muka yi salla. Na fito na tsaya bakin titi, duk motar da ta rage gudu sai gabana ya faɗi. Mutane suka gama hotunansu suka koma bas. Khalid ya ƙirga mu, mun cika, saura direba.

Malam Isufu bai taɓa yin doguwar addu'a irin ta ranar ba, shi da kansa ya gaya mini. Da ya fito kuma sai ya rasa takalminsa ɗaya. Da ya samo shi sai ya ga ya kamata ya duba tayoyi. Bamisiriyar nan ta fara ɗaga murya, wasu suka taya ta. Khalid ya share gumi ya ce mini, "Rubu'in sa'a, shi ke nan. Wallahi ba ƙari."

Rubu'in ya wuce. Malam Isufu ya hau ya tayar da inji, ya dube ni ya girgiza kai. Ƙafata ɗaya na kan matakala sai wata tsohuwar a-kori-kura ta ci burki a bayanmu. Wani dattijo ya diro daga baya, rigar aiki duk ƙura, yana gudu yana ɗingishi. Na ga tabon kafin in ga fuskar.

Muka rungume juna. Ban san na iya kuka irin wannan ba. Khalid ya ce ba a yarda baƙo ya hau ba, don haka Yaya ya tsaya ƙarƙashin tagar Inna, ta ɗan baya, ya durƙusa a kan kwalta mai zafi. Aka zuge gilashi.

"Inna, ina wuni? Yaya jiki?"

Ba ta juyo ba. Fuskarta na kallon gaba, ta ba shi ƙeya.

"Auta, ce masa da sauƙi. Ce masa ya tashi, ƙasar da zafi."

Ya miƙe. Ya ce ta yafe masa daɗewar da ya yi. Ta cire tabarau tana gogewa da gefen mayafi, ta ajiye shi a cinya.

Na ce, "Inna, likita fa ya ce..."

"Rufe mini baki."

Yaya ya yi ta magana, yaransa, aikinsa, baɗi in Allah ya yarda. Ita dai gaba take kallo, ko ƙiftawa ba ta yi. Khalid ya ce yalla, mu tafi. Sai ta miƙo mini baƙar ledar nan.

"Ba wa wancan. Ta ishe ni da nauyi."

Yaya ya buɗe. Gwangwani ne cike da yajin agashe, tsiren garinmu, wanda ta daka da hannunta a gida tun ido bai buɗe ba. A Alƙahira kullum sai ta yi mitar abincinsu ba ɗanɗano, ashe yaji na cikin leda ba ta taɓa shi ba. Ya shinshina, ya rufe fuska da hannun riga. Bas ta ja.

Komawa jirgi

Mu ne na ƙarshe da suka hau, ana shirin janye tsani. Na yi wa Malam Isufu da Khalid godiya a tsaitsaye. Jirgi ya tashi da magariba, wani dogon ruwa da suke harbawa sama daga cikin teku yana ta feshi a bayanmu. Muka zauna a benci, na kasa haɗiye abin da ke raina.

"Inna, kin ba ni haushi yau. Mutum ya tsaya a rana tun azahar, ya bar aikinsa, ko kallo ɗaya ba ki yi masa ba. Wace irin kunya ce wannan?"

Ta gyara mayafinta.

"Ya yi furfura a nan," ta taɓa gefen kanta, "daidai inda ubanku ya fara. Haƙorinsa na gefe ya fita. Takalminsa na hagu ya tsage, da waya ya ɗaure shi. Ba ya cin abinci sosai, wuyansa ya nuna."

"A ina kika ga duk wannan, ke da kika ba shi baya?"

"Madubin da ke bakin ƙofar motar, na mene ne?"

Sai a nan na gane rigimar kujera da safe. Na kau da kai na yi ta kallon ruwa.

Gida

Gari na wayewa muka shigo Bur Sudan. Yayyena mata na jira a tasha, muka cika mota har gida. Kafin a sauke akwati Inna ta ce in nemi mai tafiya Jidda a kai wa wancan takalmi. Alhamdu lillahi da ya kai mu ya dawo da mu lafiya. Allah ya saka wa Malam Isufu da Khalid, ya kare musu abincinsu, ya saka wa mai shayin da ko sunansa ban sani ba.

Da yamma mata suka cika tsakar gida, 'yan barka. Tana gane kowacce tun daga zaure, ana ta shewa. Wata tsohuwar ƙawarta ta dafa ta.

"Ke da kika rantse ba mai sa miki wuƙa a ido, me ya sauya ki?"

Inna ta gyara zaman tabarau.

"An ce mini jirgin yana tsayawa a Jidda."