Na Taya Bashin Gida Kamar Kwandon Tumatir

Matso nan kusa da ni 'yar'uwa, kai ma ɗan'uwa kada ka ce hirar mata ce ka wuce, domin abin da zan faɗa ya fi shafar albashinka. A lokacin da wannan abu ya faru ina da shekara talatin da ɗan wani abu, da yara uku, muna zaune a gidan haya a Gangare cikin garin Jos, ciki da falo, mu gida shida a tsakar gida ɗaya. Karatuna bai wuce firamare ba, kuma ni ba mai yawo ba ce, in ba kasuwa ko gidan suna ba kullum ina ɗaki. Sana'ata hayar tukwane: manyan tukwanen biki, kuloli, farantai, duk mai taro ya aiko ya ɗauka, ya biya ni kuɗin kwana. Abu biyu aka san ni da su a unguwa, surutu da iya ciniki. In na shiga kasuwar Laranto masu kayan miya tun daga nesa suke cewa ga mai yanka nan ta iso, kowa ya riƙe kwandonsa. Ina jin daɗin wannan kirari ba kaɗan ba, kuma shi ne ya kai ni ya baro.

Maigidana ma'aikaci ne, mutum mai sanyi, ba ya son dogon zance. Wata rana ya dawo da labarin cewa ana ba ma'aikata bashin sayen gida ta banki, a riƙa cira daga albashi duk wata, takardar gidan kuma tana hannun banki har a gama biya. Mun yi kwanaki muna juya maganar, musamman batun kuɗin ruwa da ke ciki, don ba mu jahilci abin da malamai suke faɗa a kansa ba. Ba zan yi muku ƙarya ba, gajiya ce ta rinjaye mu: layin banɗaki da sanyin safiyar Jos, faɗa a kan igiyar shanya, da mai gida da ke ƙara haya duk lokacin da ya ƙara aure ko ya sayi mota. Muka sami gida a Tudun Wada, a kan wani ɗan tudu, ɗaki uku da falo, da wani ɗaki a gaba mai ƙofarsa daban wanda maigida ya ce na Inna ne, wato mahaifiyarsa, da ke zaune wurin ƙaninsa. Ranar da za a sa hannu na ce sai na bi shi, don na san halinsa, duk abin da aka faɗa masa to kawai zai ce.

Ma'aikacin bankin wani matashi ne mai fara'a, Hausar tasa irin ta 'yan gari, ana yi ana haɗawa da Turanci. Ya ce in shekara goma za a yi, ga abin da za a riƙa cira duk wata. Da na ji adadin sai na dafe ƙirji, na ce masa haba oga, wannan ai rabin albashi ne, yaran kuma duwatsun Jos za su ci? Na ce ya rage. Ya danna na'urarsa ya ce to in shekara goma sha biyar ce zai sauko kaza. Na ce bai yi ba, ya ƙara duba mana, mu talakawa ne. Ya sake dannawa ya ce ashirin. Na miƙe na gyara mayafi kamar zan tafi, irin yadda nake yi wa mai tumatir, maigida yana ta jan gefen hijabina yana cewa Maman yara zauna, nan fa ba kasuwa ba ce. Saurayin ya fashe da dariya, ya ce wa maigida wallahi oga madam ɗinka ya iya kasuwa, sannan ya ce ashirin da biyar, nan ne ƙarshe. Kuɗin wata ya sauko sosai. Na fito ina taƙama, a cikin keke ma sai da na ba direba labari cewa yau na taya banki, kuma banki ya sallama.

Amma akwai abin da kunnena ya ɗauka tun a ranar, na ture shi gefe. Na yi shekaru ina ciniki, ban taɓa ganin ɗan kasuwar da ake rage masa kuɗi yana ƙara fara'a ba. Mai kaya in ka matse shi yakan ɓata rai, ya rantse, ya ce ko uwar kuɗi bai mayar ba. Wannan kuwa duk saukowar da ya yi muryarsa ƙara daɗi take. Kuma a gaskiya bai ɓoye komai ba, da bakinsa yake faɗin shekarun, har ya ce wa maigida ya duba jimillar da ke ƙasa. Ni dai kuɗin wata kawai nake saurare, don shi na ɗauka a matsayin farashi. Shekarun kuwa na ɗauke su kamar alfarma ce aka yi mana, kamar mai shago ya ce je ka, duk sanda ka samu ka kawo.

Muka tare, muka ji daɗinmu, ba zan raina ba. Na shuka alayyahu a bayan gida, na sami wurin jera tukwanena ba mai harara ta. Inna ta ce a bar ta tukuna sai matar ƙanin nasa ta yaye, daga nan wata haihuwar ta zo, ɗakin dai yana nan a rufe yana jiranta. Shekara takwas muna haka. Sai aka yi suna a gidan wani abokin aikin maigida, wanda suka karɓi bashin tare, shi ya tsaya a kan shekara goma. Ni da ma tausayin matarsa nake ji, don na san sun sha wuya, atamfa ɗaya take maimaitawa a biki uku. Muna cikin rabon tuwo sai na ji tana gaya wa wata cewa saura musu shekara biyu su karɓi takardarsu, ta ce ranar har rawa za ta yi a ƙofar banki ko da za a ce ta haukace. Abin ya tsaya mini a rai. Da muka koma gida na tambayi maigida mu nawa ya rage mana. Ya ce bai sani ba, shi dai yana ganin ana cira. Na matsa masa har ya je ya tambayo.

Ya dawo bayan la'asar, ya zauna a bakin ƙofa bai ko cire takalmi ba. Ya ce abin da muka biya a shekara takwas ya kusa kai kuɗin da aka ba mu tun farko, amma bashin da kaɗan ya motsa, in an kasa shi gida takwas, kashi ɗaya kawai ya fita. Sannan ya faɗi abin da ya fi tayar mini da hankali. Shi da wuri ya fara aiki, saboda haka shekarun aikinsa za su cika kafin bashin ya ƙare da wajen shekara shida. Wato albashi zai tsaya, cira ba za ta tsaya ba, takardar gida kuma tana can. Na ce sata ce, an cuce mu, gobe zan je in yi musu tijara. Ya ce ba wanda ya sace mana ko kwabo, abin da muka sa hannu a kai ne. Bai ce ni na jawo ba, har yau bai taɓa faɗa ba, kuma da ya faɗa da ya fi mini sauƙi.

Ni abin da ya hana ni sukuni har da son in gane. Ina kuɗin suka shiga? Na tambayi ƙanina ya yi mini lissafi da Turanci, na fito ban tsinci komai ba. Ana nan sai wata maƙwabciyata, wadda muke kira Maman biyu, ta ɗauki manyan tukwanena huɗu don bikin 'yarta a coci. Aka gama biki baƙi ba su watse ba, tukwane suka yi mako biyu a gidanta. Da ta kawo na faɗa mata kuɗinta sai ta riƙe baki, ta ce haba maƙwabciya, wannan kuɗin ai ya kusa sayen sabuwar tukunya, ga shi kuma tukwanen naki ne har yanzu. Na ce mata to Maman biyu, ni na ce ki riƙe su? Kuɗin kwana kika biya, ba kuɗin tukunya ba, da kin dawo da biyu tun washegari da kuɗin ya ragu. Ina rufe baki sai bashinmu na banki ya faɗo mini a rai. Na tsaya da murfin tukunya a hannu, har ta tambaye ni ko lafiya. Na ce lafiya lau, ta kawo rabi kawai ta tafi.

Washegari na sa maigida ya raka ni bankin. Saurayin nan an daɗe da canza masa wurin aiki, wata mata muka samu mai gilashi, mai haƙuri. Na ce mata ni ban yi boko ba, ta amsa mini da e ko a'a kawai. Na tambaye ta, kuɗin nan hayarsu kuka ba mu? Ta yi murmushi ta ce za a iya cewa haka. Na ce duk wata sai kun fara cire kuɗin hayar duk abin da ya rage a hannunmu, sannan ɗan abin da ya saura ya rage bashin? Ta ce haka ne Hajiya, shi ya sa a shekarun farko kusan duk abin da ake cira ruwa ne, sai can gaba bashin yake fara zubewa da sauri. Na ce to da na sa aka mayar da shi ashirin da biyar, me na rage? Ta ce nauyin wata na rage, amma jimilla ta ƙaru: a shekara goma da kuɗin gida ɗaya da rabi za mu biya, a ashirin da biyar kuwa kuɗin gida biyu da rabi. Na juya na kalli maigida, shi kuma yana kallon silin. Ashe tsayuwar da na yi ina gyara mayafi, gida guda sukutum na ƙara mana.

Tambayata ta ƙarshe ita ce ta cece mu. Na ce in na dawo muku da wasu tukwanen da wuri fa? Ta ce wane tukwane kuma, maigida ya ce ta yi haƙuri, haka matarsa take magana. Da ta gane sai ta ce ana iya ƙara biya a kan na wata, amma dole mu faɗa a rubuce cewa a kan uwar kuɗi za a sa, kuma ta ce mun yi sa'a namu ba shi da tara, don akwai inda ake cin tarar mai biya da wuri. Daga ranar duk kuɗin hayar tukwane can suke tafiya. Na sayar da shanu biyu da na gada, waɗanda ke wurin kawuna a ruga. Duk da haka lissafi bai kai ba, sai da muka zuba 'yan haya a ɗakin gaba. Ni da na gudo daga gidan haya, na koma raba igiyar shanya da wata a gidana. Maigida da kansa ya je ya gaya wa Inna, ta ce ba komai, Allah ya sa a gama lafiya, ɗaki ai ba gudu zai yi ba.

Mun gama a shekara ta goma sha bakwai, saura shekara biyu ya ajiye aiki. Ya shigo da takardar a cikin leda, ya miƙo mini ya ce ga cinikinki. Muka yi dariya, daga nan kuma muka tuna Inna, domin ta rasu shekara uku kafin ranar, a ɗan ɗakinta mai danshi a gidan ƙaninsa, ba ta taɓa kwana ko ɗaya a ɗakin da aka saya da sunanta ba. Wasu suna ce mini ai darajar kuɗi ta faɗi a tsawon shekarun, don haka ba mu yi asara sosai ba. Wataƙila da gaskiyarsu, ni ban iya wannan lissafin ba. Na dai san albashinsa bai taɓa yin gudun da kayan masarufi suka yi ba.

Abin da na koya shi ne, a bashi mai tsawo kuɗin wata ba shi ne farashi ba. Ban ce kowa ya zaɓi gajeren lokaci ba, wani in ya yi haka yaransa za su kwana da yunwa, kuma gara doguwar hanya da a ƙwace gida. Amma ka zaɓa idonka a buɗe. Kafin ka sa hannu ka sa a faɗa maka da baki, da Hausa, nawa za ka biya gaba ɗaya daga farko har ƙarshe, shekarunka nawa ranar biyan ƙarshe, kuma in ka samu ka biya da wuri za a rage maka ko tara za a ci ka. Ko bankin da ba ya karɓar ruwa ka je, shi ma yana da ribarsa a kan gidan, ka tambayi jimilla. Batun ruwan da muka ci kuwa, tsakaninmu da Ubangiji ne, muna ta neman gafara. Yanzu kai da ake cira a albashinka duk ƙarshen wata, ko ke da mijinki ya ce miki an kusa gamawa, yaushe rabon da ɗayanku ya je ya tambaya nawa ne ainihin abin da ya rage?