Tatsuniyar da Aka Yanke wa Kai da Wutsiya

Duk macen Filingué da ta taɓa kai kanta kitso bayan kasuwa ta san Basiratu. 'Yar Tabla ce, aure ya kawo ta gari, mijin ya rasu, ita kuwa ta zauna da tsinkenta da kwalbar mai. Hannunta da zafi, bakinta ya fi. In ta ja gashi sai ki ji har cikin haƙori, shi ya sa ta koyi riƙe mutane da labari, don su daina motsi.

Shekara goma sha ɗaya tana gina ƙasa guda a bakinta, ƙasar Tungurma. Can rana biyu ke fitowa, mutane na hawan kunkuru zuwa kasuwa, sama kuwa ƙwarya ce da aka kife bisa itacen gawo huɗu. Ba ta taɓa buɗe baki ba sai ta ce “ga ta nan, ga ta nanku,” ko da kuwa tsofaffi ne a gabanta. Ta ce wannan kalmar ce ke raba mai tatsuniya da maƙaryaci.

A Tungurma akwai wani mai duba, Kunne-Guda. Shi ya ce shekarar da ruwan fari ya sauka ranar Talata, gara za ta gama cinye gawo na huɗu, sama ta faɗo, wanda ya shibka ba zai ci ba. Mako uku Basiratu ta yi tana jan wannan yankin, mata na dawowa a kwance musu kitson da bai ko tsufa ba don su ji ƙarshe.

To, wata mai shegen riƙon salula ta ɗauki muryarta ba ta sani ba. Daga nan wani ƙato marar aikin yi ya sake faɗin abin da tasa muryar, a hankali, da nishi irin na masu tsoron Allah. Ya cire kunkuru, ya cire rana biyu, ya cire “ga ta nan.” Ya maƙala wa Kunne-Guda malanta, wai wani bawan Allah ne can gabas. Kuma a damanar nan ruwan fari ya sauka ranar Talata. Ruwa dai dole ya sauka wata rana cikin bakwai, amma je ka gaya wa mai tsoro haka.

Kwana biyar bayan ruwan, wata da ake yi wa kitso ta kunna saƙon, tana cewa har a Tabla wasu sun ƙi fita gona. Basiratu ta saki gashin. Ta kira gida, Inna ta ɗauka, ta ce Isufu, wan Basiratu, bai taɓa sungumi ba, irin hatsin ma ya rabar da shi sadaka. Gonar nan ita ke ciyar da Inna da 'ya'yansa shida. Basiratu ta bar matar da rabin kai a tsefe, ta auna hatsin da ta ajiye na ci, ta kama motar Tabla.

Ta iske shi ƙarƙashin rumfa da carbi, da rana tsaka, alhali maƙwabcinsa har tsiro ya fara leƙowa a gonarsa. Ko sallama ba ta ƙarasa ba.

“Yaya, mi kake yi nan?”

“Ina gyara tsakanina da Ubangiji,” in ji Isufu. “Ke ma da kin bar tatsuniyoyin banza kin yi hakanan.”

Basiratu ta nuna salularsa. “Kunna mini malamin naka.”

Ya kunna. Ta tsaya tana jin kalmominta na fitowa daga bakin wani, har da inda takan ja numfashi. Da aka zo kan sunan Kunne-Guda, ta ce ya tsayar.

“Tun da uwarmu ta haife ka, wa ka sani da kunne guda?”

Isufu ya ci gaba da jan carbi.

“Wa kura ta cire ma kunne a bakin rijiya? Wa ya kayar da kai cikin ƙaya kana ɗan shekara tara?”

Carbin ya tsaya a hannunsa. Jakin babansu ke nan, gurgu, mai taurin kai, wanda ya mutu tun kafin a yi mata aure.

“Jakin Baba na sa ma rawani, Yaya. Ni na yi shi, bisa kujerar kitso, don mata su bar mutsu-mutsu. Kai kuma ka bar gonar Baba don maganar jakin Baba. Ka ji liman ya ce kada a shibka? Ka tambayi kowa?”

Ya ce murya ce ta namiji, kuma ba a ce tatsuniya ba ce. Wannan ya fi komai ƙona mata rai, don gaskiya ne. Da muryarta ya ji, da dariya zai yi.

Ta jefa masa buhun hatsin a ƙafa. Ya tona ƙasa da yatsa, ta bushe har gaɓa biyu. Dole aka jira ruwa na biyu, shi kuwa sai bayan kwana goma sha uku ya sauka. Hatsin ci ba zaɓaɓɓen iri ba ne, kuma damana ba ta jira su ba. Da kaka abin da suka ɗaure bai kai rabin rumbu ba.

Ranar da aka gama ɗaurin, Isufu ya tambaye ta, ba tare da ya dube ta ba, yadda labarin ya ƙare, tun da saƙon bai kai nan ba.

“Sama ba ta faɗo ba,” in ji ta. “Waɗanda suka shibka suka ci. Waɗanda suka bi Kunne-Guda, yunwa ta kashe su suna kallon sama.”

Har yau tana kitso bayan kasuwa. Salula a bakin ƙofa ake ajiye ta, cikin ƙwarya, ko ta wace ce. Yara na roƙonta ta koma Tungurma, sai ta ce musu ƙasar ta tashi. Hannun dai da zafinsa, yanzu kuma babu labarin da zai ɗauke wa mutum hankali, sai ki ji kowane ja.