Batirin Zuciyar Malam da Sandar Makiyayi

Litinin: Kpakungu zuwa Ibadan

Ƙarfe huɗu da rabi na asuba muka ja ƙofa, ni da maigidana, Malam Garba bakanike, wanda direbobin Minna ke kira Garba Kunne. Sunan ba na banza ba ne. Shi ba ya tambayar direba me ke damun mota. Sai ya ce a tayar da ita, ya kwantar da ƙirjinsa a kan injin, ya kafa dogon sukundireba, ya ɗora kunne a ƙotarsa, can ya ɗago ya faɗi ciwon. Shekara talatin da ɗaya ina wanke gaban rigunansa ina mita, har na taɓa ce masa ko a lahira ba na son haɗa hanya da baƙin mai.

Abin da ya fitar da mu kuwa, sau biyu ya yanke jiki ya faɗi a gareji. Likita ya ce zuciyarsa ce ke nawa, bugu talatin da 'yan kai a minti, kuma maganinta wani ɗan batir ne da sai an je Ibadan ake sakawa. Malam ya yi dariya ya ce, "Ashe ni ma batirina ne ya yi sanyi." Ni dai ban ga abin dariya ba.

Biyar da kwata mota ta ɗaga. Bakwai muna Bida, kilomita tamanin da wani abu, na saya masa kunu da ƙosai. Shingen 'yan sanda huɗu na ƙirga kafin Mokwa, kowanne ya leƙo ya ga mara lafiya sai ya ce mu wuce. Sha biyu da rabi muka sauka Ilori muka sake mota, biyar na yamma muka shiga Ibadan. A unguwar Sabo muka sauka, gidan wani mai goro ɗan'uwan maƙwabcinmu. Matarsa ta kawo mana amala, na ci don kunya.

Ibadan: kwana goma sha biyu

Ranar Alhamis aka yi aikin. Abin bai fi kwalin ashana ba, an tura shi ƙarƙashin fata a ƙasan kafaɗar hagu. Washegari na kama hannun Malam na ƙirga, saba'in cif. Na juya baya na share hawaye.

Allah ya haɗa mu da wata nas Bayarabiya, haifaffiyar kwatas ɗin reluwe a Minna, Hausa a bakinta kamar jakar Kano. Ita ce ta zaunar da mu ranar sallama.

"Baba, wannan abin kunne gare shi," ta ce. "Yana sauraron zuciyarka, in ya ji ta yi shiru sai ya zungure ta. To, akwai kayan wuta masu fitar da wata hayaniya da mu ba ma ji, shi yana ji. Sai ya ɗauka zuciya ce ke bugawa, ya naɗe hannu, ita kuma tana can tana jiransa. Injin walda, babban janareto, wayoyin fulogi da koyil in mota tana kunne. Maganaɗisun lasifika ma kada ya kusanci wurin. Wane aiki kake yi?"

"Gyaran mota, 'yata."

Sai ta ce, "In injin a kashe yake, taɓa abinka. In yana aiki, ƙirjinka ya yi nisa da shi, a ƙalla tsawon hannu. Kada ka kuskura ka sunkuya a kai."

"Injin da aka kashe ai ba ya magana," in ji Malam.

Wannan ce doguwar maganarsa ta ƙarshe a Ibadan. Daga nan sai i da a'a. Na kai masa abinci ya ture. Da na matsa masa, sai ya ce, "Ladi, sun gyara zuciyar, sun cire mutumin." Na tsorata fiye da ranar da ya faɗi, domin na san mazan da suka bar sana'a suka zauna a zaure, ba sa daɗewa.

Asabar: Ibadan zuwa Mokwa

Shida na safe muka bar Sabo, muka kai Ilori sha ɗaya saura. Can muka dace da motar Minna mai cin mutum bakwai. Direban, Danladi, Bagwari ne mutumin Kuta, ashe ya san Malam. Ya rusuna har ƙasa, ya ba shi gidan gaba. Na ce atafau ba zai zauna kusa da injin ba.

"Mama, kai bar shi, nan babu komai," in ji Danladi.

Na ƙi. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Na riga na ƙwace 'yar rediyonsa tun a asibiti, duk da nas ta ce ya ji abinsa, aljihun gaba ne kawai ban da. Da muka doshi Jebba na hango manyan turakun wutar nan da wayoyinsu sun ratsa hanya, sai na zaro filo daga jaka na danna masa a ƙirji har muka haye gada. Fasinjoji suka yi ta ƙunshe dariya. Da a da ne, da Malam ya fi kowa tsokanata, ya ce filo ne zai tare wuta? Ranar ko kallona bai yi ba.

Ruwa ya tsuge a Mokwa kamar da bakin ƙwarya, dole muka kwana a ɗakin baƙi na tasha. Na samo tuwon shinkafa da miyar kuka na naira goma, ya ci loma uku.

Lahadi: tsakanin Mokwa da Kutigi

Bakwai saura muka kama hanya. Mun yi kamar kilomita arba'in sai mota ta fara gargada tana wata ƙara, tas-tas-tas. Danladi ya gangara gefe, ya buɗe bonet, ya dafe kai.

"Shi ke nan, injin ya yi nokin. Yau mun kwana daji."

Daji ne kuwa, gonakin dawa da itatuwan kaɗanya, sai wani dattijon makiyayi can da shanunsa. Ga maganin Malam saura na yini ɗaya, ga ɗinki bai warke ba. Ina cikin wannan lissafi ban ankara ba, ashe mutumin ya fita. Sabo turken wawa. Danladi ya bar injin a kunne, shi kuwa ya isa ya sunkuya kamar yadda ya saba shekara arba'in.

Na ga gwiwoyinsa sun saki. Ban san lokacin da na isa ba, na damƙi bayan rigarsa na fizgo shi, muka zube tare a ciyawa. Idonsa ya juye, leɓɓansa sun yi fari. Na lalubi hannunsa, can sai na ji bugun ya dawo, ɗaya bayan ɗaya, daidai. Da na tabbata yana raye sai na rufe shi da faɗa.

"Takaba kake so ka sa ni da tsufana? Saboda motar wani?"

Ya jingina da kaɗanya, hawaye na bin gemunsa. "Na kusa jin ta, Ladi," ya ce. "Saura kaɗan na ji ta."

Na bar faɗan. Na kau da kai don kada ya ga na gani, idona ya sauka a kan makiyayin nan, ya matso yana kallonmu, ya dogara haɓa a kan sandarsa. Doguwa ce, ta kai masa kafaɗa. Sai sukundireban Malam ya faɗo mini a rai.

"Malam, in ƙarfe yana kawo ƙara kunne, itace ba ya kawowa?"

Ya ɗago ya dube ni, ya dubi sandar. Sannan ya ce, "In busasshe ne, yana kawowa."

Na gaida dattijon na roƙi aro, ya miƙo ba tambaya. Danladi ya sake tayar da mota. Na tsayar da Malam can baya, na auna da hannuna sau biyu, na ja masa layi a ƙasa da ƙafa. Ya kama gindin sandar da dama ya kai kunne, ni na riƙe bakinta, ni da ban taɓa taɓa injin ba a rayuwata.

"Soke gyalenki tukuna, fanka ba ta da uwa," ya ce. "Yawwa. Ɗora nan gaba, kusa da fulogi na farko, kada ki taɓa waya. Danna. Matsa baya. Ƙara."

Ya lumshe ido. Sandar tana rawa a tafin hannuna. A na uku ya ɗaga yatsa, na ga fuskar da na sani ta dawo.

"Kai Danladi! Wa ya koya maka tuƙi? Wane irin nokin? Fulogi na uku ne ya kwance, iska yake fitarwa. Kashe ta, ta huce, ka ɗaure shi."

Minti ashirin aka yi. Da aka tayar, injin ya ɗauka sumul. Fasinjoji suka yi kabbara, Danladi na ta "Yesu na gode, Baba Kunne ya dawo!" Na mayar wa dattijon sandarsa, ya girgiza kai. Na kwance bakin zane, ya ɓata rai.

"Sanda ba a sayar da ita," ya ce. "Ta sami wanda za ta yi wa kiwo. Ni zan sari wata."

Goron Sabo na cika masa hannu da shi.

Bida zuwa gida

A Bida Malam ya ce yunwa yake ji. Ya cinye shinkafarsa ya sa hannu a tawa, yana ba fasinjoji labarin filon Jebba, har da ƙarin gishiri. Na bar shi ya ci lokacinsa. Na kuma ba shi rediyonsa, da sharaɗin aljihun gefe.

Uku da minti goma Danladi ya sauke mu har ƙofar gida a Kpakungu, sandar a ɗaure a saman mota. Maƙwabta suka cika zaure. Ina gode wa Allah da ya kai mu ya dawo da mu. Ina gode wa mai goron Sabo da matarsa, da nas ɗin da ta gaya mana gaskiya ba ta rage ba, da Danladi, da dattijon da ko sunansa ban tambaya ba.

Kwana arba'in Malam ya huta, kamar yadda aka ce. Rana ta arba'in da ɗaya ya ɗauki sandarsa ya nufi gareji, walda kuwa ya bar wa wasu. Na yini zuciyata a hannu. Da la'asar ya dawo, ya tuɓe rigar aiki ya miƙo mini. Na baza ta a haske. Hannun dama ya yi baƙi ƙirin har gwiwa. Ƙirjin fari tas.

Na ɗebo ruwa da sabulu na zauna. Tun daga ranar ba a sake jin mitata a kan baƙin mai ba, amma har gobe gaban rigar nake fara dubawa.