Aron Rani Ɗaya

Kakata ce ta rene ni. Uwata ta rasu wajen haihuwata, ubana ya tafi kudu bai dawo ba. Sunanta Tabawa, amma duk lungunmu a Gobarau, cikin Katsina, Iya ake ce mata. Ni kuwa Maigida take ce mani, irin wasan kaka da jika, alhali ko wandon kirki ba ni da shi.

In an sauke tuwo bayan magariba ba ta kashe wutar murhu. Sai ta tura guntun itace, ta miƙe ƙafafu, yaran maƙwabta su shigo mu kewaye ta. Daga tsakar gidanmu ana hango kan hasumiya. Kafin ta rufe baki da "ga ta nan" mun amsa mata. Ta yi mana tatsuniyar kura da akuya, ta yi mana ta yarinyar da ta ƙi jin magana, ta ce ƙurunƙus, ta kore mu da muciya.

Akwai guda ɗaya da ba ta buɗe ta da "ga ta nan", ba ta kuma rufe ta da ƙurunƙus. In za ta yi ta sai ta ce, "Maigida, malalacin miji, tashi ka ɗauko mani zangarniyata." In shiga ɗaki in ciro kan geron da ke rataye jikin azara. Ta ɗora shi a cinya.

"Wagga ba tatsuniya ba ce," in ji ta. "Wanda ya yi dariya zai kwana da kunne mai zafi."

Ubanta yana da gona a bayan ganuwa. Gadon kakanni ce. Akwai kuka mai kogo a gabashinta, akwai rijiya. Tana yarinya Turawa suka iso Katsina da sojojinsu da dawakinsu. Da rani ne, an daɗe da girbi. Aka aiko wa ubanta daga wajen mai unguwa cewa baƙi suna son wurin da za su kafa tanti su ɗaure dabbobi, kuma gonarsa suka nuna.

Bai ji komai ba. Murna ma ya yi. Da rani gona ta kowa ce. Bafillace yakan sauka da shanunsa, ya ci kara, ya bar maka taki, ruwan farko na sauka ya kaɗa abinsa ya wuce. Haka aka saba tun kaka da kakanni. Ubanta ya ce kashin doki ai ya fi na shanu, bana gero zai yi kyau. Har fura ya sa aka dama, da ƙwan zabi, ta ɗauka a ka ta bi shi suka kai wa baƙi.

"Ya ce wa tafinta, ka hwaɗa masu su zamna lahiya har ruwa ya sauka," in ji Iya. "Tafinta ya juya ya yi magana da Bature. Allah kaɗai ya san abin da ya ce mashi. Bature ya gyaɗa kai. Babana ya ɗauka an gama magana."

Ruwa ya sauka. Ubanta ya saɓa sungumi, ta ɗauki ƙwaryar iri. Suka tarar ba tanti. An haƙa ƙasar gonar an yi tubali, an ta da ɗaki. Soja ya gitta masu bindiga.

Ubanta ya ce ba a korar baƙo, wataƙila tafiyarsu ce ba ta shirya ba, a bari sai baɗi. Don kada irin ya mutu, ya shuka kaɗan a bayan ɗaki. Baɗi ta zo, ɗakuna sun ƙaru. Aka fara kiran wurin bariki. Aka share hanya daga ƙofar gari zuwa can. Aka riƙa tara mazan unguwa su ɗauki ƙasa da azara, har da shi. Da kansa ya yi dakon ƙasar gonarsa ya kai wa magina. Mutanen ƙauye suka fara tahowa, masu yankan ciyawar doki, masu ɗiban ruwa, suka yi bukkoki a gefe, bukkoki suka zama unguwa. Shi dai kowace damina sai ya je ya tsaya daga nesa da sunguminsa, ya dawo ya shuka a bayan ɗaki. Ta yi aure, ta haihu, yana nan yana zuwa.

Wata shekara ya je ya tarar ana dasa bedi, itacen da Kanawa ke ce wa dalbejiya. Layi-layi, an kewaye kowane da ƙaya, fursuna suna ba shi ruwa.

A nan muryar Iya takan yi ƙasa. "Kun san mai aron gona ba ya dasa itace. Gero zai shuka, wake zai shuka, abin da za a girbe a tashi. Wanda ya dasa itace ya ce wurin nashi ne. Babana ya ga gini bai karaya ba, gini ruwa na rushe shi. Da ya ga itace sai ya dawo gida ya jingine sungumi. Ya ba ni zangarniya ya ce, Tabawa, riƙe. Bai ƙara fita ƙofar gari ba sai da aka ɗauke shi."

A nan take tsayawa. Mu jira ƙurunƙus, ba ta zuwa. Wata rana na tambaye ta. Ta ce, "Wa ya ce maka ta ƙare?"

Kowace damina ni da ita muke shuka irin a bayan ɗaki, wurin da bai fi shimfiɗar tabarma biyu ba. Ta zaɓi kan da ya fi cika ta rataye. Da Turawa suka tafi ta yi guɗa, ta ce baƙo ya tashi. Aka ce mata gidajen na gwamnati ne, ma'aikata sun shiga. Kafin ta san wanda za ta kai wa kuka soja suka karɓi mulki. Ta ce ba a yi wa mai bindiga maganar gona, ubanta ya gwada.

Na girma. Ban yi boko ba, amalanke nake turawa a Ƙofar Ƙaura. Na sha wuya iri-iri, ba ita ce maganar ba. Shekarar da soja suka miƙa mulki ga farar hula, Iya ta tsufa ƙwarai, ba ta iya tsayuwa sai an kama ta. Ta ji a rediyon maƙwabci ana ta cewa an mayar wa jama'a abinsu. Na dawo daga aiki na tarar ta ɗaura zanen sallarta, zangarniya a hannu.

"Maigida, kai ni."

Na ce, "Iya, ba wannan suke nufi ba."

"Kai ka fi rediyo sani? Mijin banza. Kai ni, ko in rarrafa."

Washegari na wanke amalanke, na shimfiɗa mata tabarma a ciki, na tura ta muka fita bayan gari. Bedi ya rufe sama, hagu da dama. Katanga bayan katanga. Wani dattijo mai gadi ya taso ya durƙusa ya gaishe ta.

"Iya, gidan wa kuke nema?"

"Ba gida nike nema ba, ɗana. Gona. Akwai kuka mai kogo daga gabas, da rijiya."

Ya dube ni. Na dubi ƙasa.

"Wallahi Iya, na daɗe a nan, ban taɓa ganin kuka ba." Ya kawo mata ruwa a kwano. Ba wanda ya kore mu.

Ta ce in bi nan. Na bi. Ta ce a'a, in koma can. Na koma. Ta sa na ɗebo mata ƙasa, ta murza, ta shinshina, ta zubar. Rana ta take. Kowane layi kamar ɗan'uwansa. Can ta ce in tsaya. Ta daɗe tana kallon itatuwan.

"Maigida, ban gane wurin ba. Ko yau aka ce in ɗauki abina, ban san inda zan nuna ba."

Na juya amalanke. Har muka iso gida ba ta zage ni ko sau ɗaya ba. A nan na san abin ya taɓa ta. Ba ta ga daminar gaba ba.

Ina yaro na ɗauka labarin na nufin kada ka yarda da baƙo. Yanzu ban sani ba. Uban Iya bai yi wauta ba, abin da ubansa ya koya masa ya yi, ya ba baƙo wuri da fura. Waɗanda suka zo ne ba su san ana tashi in ruwa ya sauka ba, waɗanda suka gaje su kuma sun sani, ba su tashi ba.

Yau nawa jikokin ne ke kewaye murhu. Na ba su labarin. Ƙaramar ta ce, "To Kaka, ina gonar take?" Na ce a bayan gari. Ta ce a ina. Na tura itace cikin wuta.

Irin yana nan. Bana ma na shuka a bayan ɗaki, ya yi kyau. Na zaɓi kan da ya fi cika na rataye jikin azara.